Awarwaron Raudatu a Bayan Mi-ja

Tururi ne ya haɗa su. A farkon sanyin shekarar 1993 Raudatu ta shiga wani shagon wanki da guga a unguwar Jamaica da ke yankin Queens na birnin New York, rungume da babbar rigar mijinta Malam Sanusi, wadda miyar wani taron suna ta yi wa tambari a ƙirji. Ba kowa a wajen karɓar kaya, sai wani farin tururi da ke tasowa daga can ciki yana shawagi tsakanin rigunan da aka rataya cikin leda. Ta yi gyaran murya, shiru. Da yake Raudatu tun tana yarinya ba a san ta da tsayawa inda aka ajiye ta ba, sai ta zagaya ta leƙa.

Wata siririyar mata 'yar Koriya ta gani tsaye gaban injin guga, tana jujjuya wani farin abu a cikin tururin a hankali, kamar mai gasa masara. Ƙwallon badminton ne, irin na gashin dinya. Rabon Raudatu da ganin irinsa tun tana kwalejin horon malamai a Zariya, inda take ɗaukar raket, madokin ƙwallon, ta buga wasan da ƙarfin tuwo zalla, babu dabara ko kaɗan. Nan take ɗakin wasan makarantarsu ya dawo mata, da kurciyoyin da ke kuka a saman rufinsa, har ta manta da rigar da ta kawo.

"Me ya sa kike dafa shi?" in ji Raudatu.

Matar ta ɗago. Idonta na hagu yana da wani fari-fari, kamar an ɗiga madara a shayi ba a juya ba.

"Iskar garin nan busasshiya ce," in ji ta. "In gashin bai sha tururi ba, bugu ɗaya ya karye. Kin san wasan ne?"

"Na san shi? Ai ni ce mai karya raket a makarantarmu."

Turancinsu duka biyun gurgu ne, na wannan ya ɗingisa ta hagu, na waccan ta dama, amma sun fahimci juna. Raudatu ta miƙa hannu ta karɓi ƙwallon, awarwaron hannunta na dama suka yi ƙara. Na azurfa ne sirara, na mahaifiyarta, kuma tun ranar da aka zura mata su da sabulu ba ta taɓa cire su ba. Matar ta dube su ta yamutsa fuska, ta ce mai wasa ba ta sa irin waɗannan.

Sunanta Yang Mi-ja. Da ta gane ta girmi Raudatu, sai ta ce a ƙasarsu ƙarama ba ta kiran sunan babba gatsal. Raudatu ta yi dariya ta ce ai mu ma haka abin yake. Daga ranar ta zama Yaya Mi-ja, ita kuma ta zama Rauda.

Gaskiyar magana, kaɗaici ya ishi Raudatu a garin nan. Malam Sanusi yana aiki a sashen kaya na filin jirgin sama, ya fita tun safe sai yamma. Ita kuwa ta wuni a bakin tagar bene tana kallon jirage suna wucewa, tana zaɓar wanda take jin gida za shi. Saboda haka da Mi-ja ta ce duk Talata da safe mijinta kan tsare shagon, ita kuma ta tafi unguwar Flushing buga wasa da wasu tsofaffin matan Koriya a zauren ƙungiyarsu, Raudatu ba ta bari ta kai ƙarshen maganar ba. Malam Sanusi ya ce ta je, ko ba komai gidan zai huta da kiɗan awarwaro.

"Ni fa da ƙarar nan nake sanin inda kike," in ji shi. "In na dawo daga shift na ji ta kitchen, na san yau akwai rabo."

"To Malam, yau sai ka nemi rabonka a fridge."

A zauren nan Raudatu ta ga abin da ba ta taɓa gani ba. Mi-ja ba ta dukan ƙwallo, lallaɓa shi take yi. Ta ɗan karkata wuyan hannu, sai ka ga farin gashin ya hau raga ya tsaya kamar yana shawara, sannan ya zame ya faɗi can gefe. Amma da zarar an ce a yi bibbiyu, sai ta koma can baya ta kafe. In kuwa wasa ya tura ta gaba, wata ta tsaya a bayanta, sai kafaɗunta su ɗage, ta sunkuya, ta waiwaya a firgice, ƙwallon ya wuce ta. Tsofaffin nan kuwa sai su yi kamar ba su gani ba.

A cikin bas ta ba ta labari, wata Talata da dusar ƙanƙara ke sauka a hankali, gilashin ya yi gumi, garin duk ya koma fari. Mi-ja ta ce a wani garin masunta aka haife ta, a kudancin ƙasarsu. Tana 'yar makaranta aka ga hannunta, aka ɗauke ta zuwa sansanin horo a gindin wani dutse, inda ake tashinsu gudu tun gari bai waye ba. Can aka haɗa ta da Pyo Ok-sun, wadda ta girme ta, mai dukan da in ya sauka sai ka ji kamar an fasa faranti. Ok-sun a baya, Mi-ja a bakin raga. Shekara da shekaru suna yawon duniya tare, daga Jakarta zuwa Kofanhegan zuwa Landan, ɗaki ɗaya, tukunyar shinkafa ɗaya a cikin akwati, suna dawowa da lambobin yabo a wuya.

"Doka ɗaya ce ga mai tsaron gaba," in ji Mi-ja. "Ba ta waiwaye. Ta baya tana dukan ƙwallo ta saman kanki, da gudun da ido ba ya kamawa. Ba kya ganin ta, da kunne kike sanin inda take. Ni takun ƙafarta nake ji."

Ana dab da babban wasan da ƙasarsu za ta karɓi baƙuncinsa a 1988, suka buga wata gasa a wani zaure mai cike maƙil. 'Yan kallo suka ɗauki ihu da ganguna har ƙasa tana rawa. Mi-ja ta kasa kunne, ba ta ji takun Ok-sun ba. Ta waiwaya. Daidai lokacin dukan ya sauka a idonta na hagu.

"Laifina ne," in ji ta, tana share gumin gilashin da yatsa. "Amma Ok-sun ta ɗauka ta ɗora wa kanta. Ta ajiye raket a shekarar. Duk sanda ta bugo waya sai in ce mata lafiyata lau, ina nan ina tsaron raga kamar da."

Raudatu ta ji tausayi ya kama ta. Ba ta san abin da ake cewa da Turanci a irin wannan wuri ba, sai ta ce "sannu" da Hausa, ta bar shi a haka.

Bayan sanyi ya wuce, itatuwan titi sun yi ganye, wata rana Raudatu ta tarar da Mi-ja zaune a shago ta bar injin guga yana huci shi kaɗai. Ok-sun za ta zo New York a ƙarshen shekara. Ƙungiyarsu ta gayyace ta bikin kaka, kuma an shirya tsofaffin abokan nan biyu su kara da juna a gaban jama'a, kowace da abokiyar wasanta.

"In ta ga na sunkuya, za ta san ƙarya nake yi mata," in ji Mi-ja. "Za ta koma gida da shi, ta ɗauke shi har kabarinta. Rauda, ki tsaya a bayana."

"Ni? Yaya Mi-ja, ni fa duka kawai na iya."

"Dukan nake so. Dabara ina da ita ta mutum biyu."

Haka suka shiga horo, Talata ta zama Talata da Alhamis. Da farko abin ba kyan gani. Raudatu ta ɗaga hannu, Mi-ja ta durƙushe ta rufe kai. A sake. Ta waiwaya. A sake. Rana tana shigowa ta dogayen tagogin zauren, guntayen gashin da suka karye suna yawo a cikin hasken ba sa gaggawar sauka, su kuma suna ta maimaita abu ɗaya har gumi ya jiƙa ɗankwalin Raudatu. Sannu a hankali kafaɗun Mi-ja suka fara sauka. Wata safiya Raudatu ta yi tsalle ta ɗaɗa wa ƙwallo duka, ya wuce ta saman kan Mi-ja da ɗan taƙi, ita kuwa ko gezau. Tsofaffin nan da ba sa ganin komai, ranar dai sun gani, har da tafi.

Mi-ja ta ce horo ne ya yi aiki, domin ita komai a wurinta horo ne. Abu ɗaya dai ba ta daina mita a kai ba.

"Rauda, kiɗan nan ya yi yawa. A sansaninmu ko ɗankunne ba a bari. In Ok-sun ta ji wannan sai ta ɗauka biki muka zo."

Raudatu takan yi dariya ta ƙara kaɗa su. Amma maganar ta zauna mata a rai. Ranar wasan, bayan ta yi sallar asuba, ta tsaya gaban madubin banɗaki ta dubi hannunta. Baƙuwa ce za ta zo daga nesa, babbar 'yar wasa, kuma yayar yayarta. A gidansu ba a kunyata babba a gaban baƙonsa. Ta ɗauki sabulu ta murza, ta cije leɓe, ta zare awarwaron nan ɗaya bayan ɗaya har fatar ta yi ja. Ta ajiye su a bakin wurin wanke hannu. Hannun ya yi mata sakayau kamar ba nata ba, amma ta ji daɗin kanta, don a ganinta ta yi abin kirki.

Zauren ya cika. An rataya fitilun takarda, ana raba wainar shinkafa mai laushi, tsofaffi sun sha kayan gargajiya masu ɗaukar ido. Malam Sanusi ya zauna a layin gaba cikin babbar rigar nan da Mi-ja ta goge da hannunta, shi kaɗai kamar an dasa shi. Ok-sun doguwa ce mai faɗin kafaɗa, furfura ta fara fito mata. Da suka haɗu da Mi-ja sun daɗe riƙe da hannun juna, amma Raudatu ta lura baƙuwar ba ta yarda ta dubi idon nan na hagu ba. Wata budurwa 'yar ƙungiya ce ta tsaya wa Ok-sun a matsayin abokiyar wasa.

Aka fara. Ƙwallon farko da ya tashi sama ya zo wa Raudatu daidai yadda take so. Ta ja baya ta yi tsalle, shiru kamar kyanwa, ta sauke duka. Mi-ja ta durƙushe ta waiwaya.

Raudatu ta koma wurinta. Na biyu ma haka, na uku ma haka. Duk abin da suka gina tun bazara ya rushe a gabanta, ita kuma ba ta san dalili ba. Abin da ya fi ciwo shi ne abin da ya faru a ƙetaren raga. Fuskar Ok-sun ta canza. Ta daina duka, ta koma ɗaga ƙwallo sama a hankali, tana ajiye shi nesa da Mi-ja, irin wasan da ake yi da marar lafiya. 'Yan kallo suka yi tsit. Duk da sassaucin nan an cinye su zagayen farko, ba su taɓuka komai ba.

A gefen fili Mi-ja ta zauna ta rufe fuska da tawul.

"Ina kika tafi?" in ji ta ta cikin tawul ɗin.

"Ina bayanki, Yaya. Ko taku ɗaya ban bar wurina ba."

"Ban ji ki ba. Ba kowa a bayana. Ban ji ki ba, Rauda."

Ta miƙo hannu ta kamo wuyan hannun Raudatu don ta girgiza ta, sai ta ji fata zalla. Ta sauke tawul ɗin. Suka dubi hannun, suka dubi juna. Ashe duk watannin nan ba horo kaɗai ba ne. Abin da take wa mita shi ne yake gaya mata ga Rauda a dama, ga ta ta ja baya, ga ta ta ɗaga hannu, yanzu duka zai sauka. Ita kanta ba ta sani ba sai yau da aka ɗauke mata shi.

"Na cire ne don kada in kunyata ki," in ji Raudatu, hawaye na neman zubo mata. "Suna can gida, Jamaica."

Sai suka ji gyaran murya. Malam Sanusi ne tsaye a kansu, yana laluben aljihun babbar riga. Ya fito da hankici a ƙulle, ya kwance.

"Na gan su a bakin sink," in ji shi. "Na ce yau kuma lafiya? Tunda na aure ki ban taɓa ganin hannun nan tsirara ba. Na ce bari in riƙo, kada ki neme su a hanya."

"Malam, Allah ya saka maka da alheri."

"Amin. Amma ki yi sauri, referee yana kallon agogo."

Babu sabulu, hannun kuma ya kumbura da wasa. Raudatu ta ce a samo mata leda. Mai shagon wanki kuwa ba ta rasa leda. Mi-ja ta yago ta jikin rigar da ta zo da ita a rataye, suka naɗe hannun, ita da kanta ta dinga tura awarwaron suna zamewa ɗaya bayan ɗaya. Da na ƙarshe ya shiga, Raudatu ta kaɗa hannu. Mi-ja ta rufe ido ta saurara, numfashinta ya daidaita.

Zagaye na biyu, Raudatu ba za ta iya ba da labarinsa daki-daki ba, don kamar a mafarki ta buga shi. Ta san dai ta ja baya, azurfa ta yi ƙara, ta sauke duka, kuma ƙeyar Mi-ja ba ta motsa ba. Budurwar can ta maido ƙwallon da ƙyar, Mi-ja ta tare shi a saman raga ta danna shi ƙasa tun bai gama tsallakowa ba. Zauren ya ɗauki sowa. Ihun ya yi yawa, irin wanda ya taɓa cin idon mutum, amma ƙarar awarwaro siririya ce, tana ratsa hayaniya ta isa inda za ta. Raudatu ta ga fitilun takarda suna lilo, ta ga farin gashin yana tafiya yana dawowa, ta ji kamar kurciyoyin Zariya ne suka biyo ta har nan. A gabanta kuwa ga ƙaramar matar nan tana rawa a bakin raga, dama da hagu, kamar shekarun ba su wuce ba.

Ok-sun ta ci gaba da ɗaga ƙwallo a hankali, Mi-ja tana kashewa. Ta sake, ta sake kashewa. Sai Mi-ja ta tsaya ta dube ta ta cikin raga, ta faɗi wata gajeriyar magana da yarensu, ta buga ƙirjinta da raket. Raudatu ba ta jin yaren, amma ta gane: ki bugo mini.

Dukan Ok-sun na farko rabi ne. Mi-ja ta maido shi. Na biyu ya fi ƙarfi, ta maido. Daga nan wasan ya zama wasa, kowa ya manta da tausayi. Maki ya tafi kafaɗa da kafaɗa, hannun Raudatu ya yi nauyi, ƙirjinta yana zafi, amma ba ta bar azurfar nan ta yi shiru ba ko sau ɗaya. Har aka zo makin ƙarshe, su Ok-sun ne a gaba. Raudatu ta gaji, ta ɗaga ƙwallo bai yi nisa ba, ya tsaya a tsakiyar filin can, daidai inda mai duka take mafarkin samu.

Ok-sun ta tashi sama. Mi-ja tana tsaye a gabanta, fuska a buɗe, raket a sama. Dukan ya sauka da ƙarar fasa faranti, ƙwallon ya daki ƙasa dab da ƙafar Mi-ja, gashinsa ya tarwatse. An cinye su.

Raudatu ta buɗe baki za ta ba da haƙuri, don ita ta ba da ƙwallon, sai ta ga kafaɗun Mi-ja suna girgiza. Dariya take yi. A ƙetaren raga Ok-sun ta saki raket ta rufe baki da hannu biyu tana kuka, kuma a karon farko tun zuwanta tana kallon ƙawarta ido cikin ido, har da na hagun.

"Kin gani, Rauda?" in ji Mi-ja, idonta yana kan Ok-sun. "Da gaske ta bugo mini. Ba ta rage komai ba."

Ba ta waiwaya ba. Ta miƙo hannu ta baya kawai, daidai inda ta san za ta same shi, ta kama wuyan hannun Raudatu ta riƙe gam, har awarwaron suka yi shiru.